Baba Salihu, Wanda Ya Yi Ƙaura da Ƙasar Lambunsa

Ranar Litinin, sha bakwai ga watan Safar na 1439, daidai da shida ga Nuwamba 2017, jim kaɗan bayan sallar azahar, Allah Ya karɓi abinSa. Malam Salihu ɗan Ahmad, wanda mutanen yankin Rusairis suka fi sani da Salihu Mai Jinena, wato mai lambu, ya cika a ƙarƙashin rumfar gidansa bayan jinyar kwana huɗu, yana da shekara saba'in da shida. Na Allah muke, kuma wurinSa kowa zai koma, babu mai saura.

Ni ce Ibtisam, matar ɗansa Tahir. Baba, shekara goma sha huɗu na yi a gidanka ban taɓa furta sunanka ba, ban kuma taɓa zama in faɗa maka abin da ke raina ba, domin kunyar suruki ba ta bari. Yau na rubuta sunan, kuma zan faɗi abin da na gani, ko da kai ba za ka ji ba.

Tun kafin in san gidanka na san labarinka. Mahaifina, Abdussalami, abokin aikinka ne a wata masaƙa a Hasahisa. Shi yana wajen injinan saƙa, kai kana sashen rini, inda ake tsara zanen da za a buga a jikin yadi. Yakan ce duk ma'aikatan wurin babu mai idonka: kana kallon kala biyu za ka ce waɗannan za su zauna lafiya, waɗancan kuwa za su yi faɗa. Da injinan suka soma yin shiru ɗaya bayan ɗaya, a 1996 ka tattara iyalinka ka koma ƙauyenku, Hillat Yakubu, can sama da madatsar ruwa ta Rusairis. Kana da shekara hamsin da biyar a lokacin. Abin da ka koma da shi akwatin ƙarfe ne, da littafin zane-zanenka, da ƙullin zare na kaloli iri-iri.

Gadonka a ƙauyen ɗan fili ne a bakin babban kogin da muke ce wa Bahar, irin ƙasar nan mai laushi da kogi yake bari idan ya ja baya, wadda muke kira jaraf. Maƙwabtanka duk albasa suke zubawa daga wannan gefe zuwa wancan, ko masara. Kai kuwa sai aka ga ka kafa turaku, ka ja zare daga wannan zuwa wancan, ka tsuguna kana duba takarda. Ƙaninka Baffa Jibirin ya sha ba mu labarin yadda aka riƙa yi maka dariya. Wasu suka ce rufe masaƙar ya taɓa ka. Shi kansa ya same ka ya ce hanyoyin da kake bari tsakanin kunyoyi ɓarnar ƙasa ce, ai wurin zai ɗauki albasa buhu biyu. Ya ce ba ka ko ɗago kai ba, ka ce masa, "Jibirin, albasar tana nan, ban hana ta wuri ba. Amma ni zan yini a nan kullum har in mutu. Ina son in ɗaga kai in ga abin da raina ka so."

A 2003 aka kawo ni amarya, kuma a wannan shekarar na fara ganin jinenar da idona. Ban san kayan miya suna iya yin haka ba. Albasa ce ta kewaye wurin duka, siririn layi kamar bakin mayafi. Daga ciki jarjir, wani ganyen salak mai haske, da karas mai ganye kamar gashin tsuntsu suna musayar wuri, murabba'i bayan murabba'i. A tsakiya ka sa gauta baƙa mai sheƙi, ka zagaye ta da barkono, kore da ja a kan itace ɗaya. Can baya, inda ba za su tare wa kowa rana ba, kuɓewa da yakuwa mai jan kara suka yi bango. A kowace kusurwa akwai ɗoɗɗoya, don ƙamshi, kuma ka ce ƙwari ba sa son ta. Ka lissafa wanda zai fara fure da wanda zai biyo baya, yadda wurin ba zai taɓa zama kore zalla ba. Masunta da ke dawowa a kwalekwale sukan ce in sun hango lambun Salihu sun san sun iso gida.

Ni 'yar Hasahisa ce, Larabci ya fi Hausa zama a bakina, kuma matan ƙauye suna yi mini dariya a ɓoye. Wata rana ka turo kwando, na ɗauka na ce wa Inna Yalwa, matarka, ga bamiya an kawo. Kana tsaye a bakin ƙofa kana wanke ƙafa. Ba ka dube ni ba, ka ce, "Ɗiyata, a kasuwar Rusairis bamiya ce. In ta shigo gidanga, kuɓewa ce." Daga ranar, duk kwandon da ya shigo sai ka tsaya ka faɗi sunan kowane abu a hankali kamar da kanka kake magana: yakuwa, lalo, gauta, rama, kabewa. Ba ka taɓa yi mini dariya ba. Hausar da nake rubuta wannan da ita, daga kwandon nan ta fara.

Ba zan ce ba ka da naka halin ba, domin kai kanka ba za ka yarda ba. Kana da taurin kai a kan lambun. Layin gaba, wanda mai wucewa yake gani, ba a tsinkar komai daga cikinsa sai ranar Juma'a. 'Yarka Sara ta taɓa cire gauta guda daga tsakiya don baƙi sun zo ba shiri, ka yi kwana biyu kana zagaya gurbin kana ƙwafa. Amma kai ɗin ne duk Juma'a kake cika kwanduna, ka bi gidajen da aka yi haihuwa da waɗanda ke da majinyaci, ka ajiye a bakin zaure ka wuce kafin a fito yi maka godiya.

Sai 2012 ta zo. Aikin ƙara wa madatsar ruwa tsawo ya kusa ƙarewa, aka sanar da mu cewa ruwa zai hau, zai rufe jaraf, ya rufe gidajen Hillat Yakubu gaba ɗaya. An gina mana sabon gari a kan tudu, nesa da Bahar, gidaje a jere iri ɗaya. Mutane suka shiga ciro ƙyamare da kwanon rufi da gadaje, kowa yana ɗaure abin da zai iya. Kai kuwa ka ari karo, wato amalanken jakin Baffa Jibirin, ka sauka bakin kogi da shebur, kana cika buhuna da ƙasar lambunka. Kwana tara kana kai da kawowa, buhu talatin da ɗaya. Tahir ya kasa haƙuri, ya tare ka a hanya.

Ya ce, "Ya Baba, mutane suna kwasar ƙofofi, kai kana kwasar laka? Ana kallonmu fa."

Ka ce, "Ƙofa akwai ta a kasuwar Damazin. Wagga ƙasa in ruwa ya hau kanta, wace kasuwa za ka same ta?"

Sabon garin ba shi da itace ko ɗaya. Ƙasar baƙa ce, ta tsattsage har hannu yana shiga cikin tsagar. Ruwa a famfo ɗaya yake zuwa, a ƙarshen layi, da safe kawai. Duk wannan da sauƙi in an kwatanta da abin da ya sami Inna Yalwa. Kaburburan iyayenta da na 'ya'yanta biyu da suka rasu suna ƙanana duk suna can, inda ruwa ya rufe. Ranar da muka iso ta shiga ɗaki ta kwanta, ta juya fuska wajen bango. Sallah kaɗai ke tashinta. Abinci sai loma biyu ko uku. An yi addu'a, an kai ta wajen likita ya ce bai ga ciwo ba. Wata huɗu tana haka, tana ƙarewa a gaban idonmu. A watannin nan tsofaffi uku na layinmu suka rasu, kuma kowa ya san ba zazzaɓi ne kaɗai ya ɗauke su ba.

Tahir ya yanke shawara. Ya ce wurin nan ba wurin zama ba ne, zai kwashe mu duka mu koma Khartum, ko dako ne ya yi. Ni ma, gaskiya, ban ƙi ba; har na ɗaure kayana. Sai ya zo maka da maganar. Ka ce, "Uwarka in ta shiga mota a haka, gawarta za ka sauke. Ku ba ni sanyi guda. In sanyi ya wuce ba abin da ya canza, ni zan fara hawa motar."

Ka soma aiki a tsakar gida. Ka haƙa ramuka a baƙar ƙasar nan mai taurin dutse, ka zuba ƙasar jaraf a hankali kamar mai auna gari, ka gauraya da takin awaki da toka. Ka bi gidaje kana roƙon tsofaffin tuluna da suka tsage wajen ƙaura, ka binne su har wuya a tsakiyar kowace kunya, yadda in an cika su ruwan zai riƙa tsatsowa a hankali zuwa saiwa. Ruwan alwala da na wankin shinkafa duk ka hana a zubar. Shukar farko iska mai zafi ta ƙone ta. Ta biyu awakin maƙwabta suka shigo ta ƙofar da aka manta a buɗe, suka share ta cikin ɗan lokaci. Ranar na gan ka zaune a kan buhun da babu komai a ciki, hularka a gwiwa. Na ɗauka ka haƙura. Washegari sai ga ka da ƙaya ka yi shinge, ka sake jan zare.

Duk wannan abin Inna Yalwa ba ta leƙo ba, alhali tagarta tana kallon wurin.

Ita ce mai ajiyar iri a gidan tun da. Tana da 'yan goruna da take toshewa da tsumma, kuma a cikin ɗaya akwai irin wata gajeriyar kuɓewa ja, wadda ta gada daga kakarta, kakar kuma ta ce da ita iyayensu suka taso daga ƙasar Sakkwato. Babu mai irinta a duk yankin, kuma abin da ya rage bai cika tafin hannu ba. Wata safiya da hantsi ka shiga ka ɗauko goran, ka zo ka tsaya daidai tagarta, ka ɗaga murya fiye da yadda ka saba.

Ka ce, "Ibtisam, ɗora mini ruwa ya tafasa sosai. Irin kuɓewar nan ja zan jiƙa, an ce tafasasshen ruwa ya fi sa shi tsira da wuri."

Ko ni na san tafasasshen ruwa kashe iri yake yi. Amma wace ni in yi maka musu? Na ɗora buta a wuta. Ruwan ya tafasa, na kawo, ka sa na zuba a kwano, tururi yana tashi. Ka kama tsumman bakin goran kana girgiza shi yana kacau-kacau.

Sai muka ji ƙarar gado. Inna Yalwa ta fito tana dafa bango, ba takalmi, mayafinta a karkace, tana ƙifta ido saboda rana.

Ta ce, "Malam! Mi kaka shirin yi? Irin kakata za ka dafa?"

Ta fizge goran da ƙarfin da ba mu san ta rage da shi ba. Ta zazzage a tafin hannunta don ta ga ko ya jiƙe. Tsakuwa ce. Ƙananan duwatsu ne ka tsince ka zuba. Ka sa hannu a aljihun jallabiyarka ka ciro ƙullin tsumma, ka kwance, ga irin nan cif, ko ƙwaya ɗaya ba ta ɓata ba. Ta dube ka, ta dubi tsakuwar, ta sake dubanka. Ta fara dariya, dariyar ta koma kuka, ta zauna a ƙasa ta yi kukan da ba ta yi ba tun ranar da muka baro ƙauye. Ba ka ce mata ta yi shiru ba. Ka tsuguna nesa kaɗan, ka jira.

Da ta share fuska, ta bi turaku da zaren da kallo, ta ce, "Kuma wa ya ce maka nan ake sa kuɓewa? Za ta tare ma jarjir rana. Mai da ta bayan tulun can."

Ka ce, "To, Yalwa." Ka tashi ka cire turken. Ni na san littafinka, kuma na san tun farko a bayan tulun ka zana ta.

Daga ranar kullum da safe sai an shimfiɗa mata tabarma a bakin ƙofa, tana nuni da sanda, kana bi. Ta koma cin abinci saboda mai faɗa yana bukatar ƙarfi, haka ta ce. Kafin sanyi ya kai tsakiya tsakar gidanmu ta rufe. Lambun bai kai rubu'in na bakin kogi ba, amma a garin da babu kore ko na ganye ɗaya, mutane sukan tsaya su leƙo ta kan katanga su daɗe. Wata tsohuwa, Ramatu, ta roƙi a bar ta ta shigo, ta tsuguna ta shinshina ɗoɗɗoya ta ce, "Ashe wurin nan ma yana karɓa." Tahir bai taɓa cewa ya fasa tafiya ba. Wata rana dai muka gan shi ya shigo da gora a kafaɗa, ya ce kabewa tana bukatar abin hawa, ya kafa mata baka a kan hanyar shiga. Ni kuma na kwance kayana.

Shekara biyar da suka biyo baya, a gidajen mutane ka yi su. Duk wanda ya kira ka sai ka je da littafinka. Ba ka fara da iri. Sai ka zauna ka tambayi matar gida miyar da suka fi yi, ka dubi inda rana take faɗowa da safe da inda inuwa take da la'asar, ka tambayi inda tsohon gidan yake son zama, domin abin da ya fi kyau a gabansa za a sa. Ba ka taɓa yi wa gida biyu zane ɗaya ba. Ƙasar jaraf da ta rage ka riƙa rabawa kwano-kwano, kana cewa a gauraya kawai, ita za ta koya wa baƙar ƙasa aiki. Yanzu gidaje sama da arba'in ne ke da jinena a garin nan. Matan layinmu suna kai jarjir da lalo Rusairis a ƙaramar bas, direbobi kuma in za su sauke mutum sai su tambaya ko layin lambu zai sauka. Baffa Jibirin, wanda ya ce hanya ɓarnar ƙasa ce, hanyoyi huɗu ne a nasa, har da fararen duwatsu a gefe.

Kwana tara kafin rasuwarka ka yi yayyafin irin tumatir da gauta da barkono a bayan ɗaki, ka rufe da ciyawa. Na lura wurin ya fi na kowace shekara faɗi, har ninki uku, ban dai tambaya ba. Bayan kwana biyar zazzaɓi ya kwantar da kai. Ranar Litinin da safe ka ce a fito da kai rumfa. Na kawo maka kunu ka sha kaɗan. Shi ne karo na farko da ka dube ni ido cikin ido, ka ce, "Ɗiyata, Allah Ya yi miki albarka. A cire ciyawar can in sun fito, kada su yi dogon wuya." Ka yi azahar a kishingiɗe. Inna Yalwa tana riƙe da hannunka, kana maimaita kalmar shahada, har ka yi shiru.

Yau kwana goma sha shida. Mun cire ciyawar kamar yadda ka ce. Dashen ya fito, ya yi cunkus, ya fi ƙarfin gidanmu nesa ba kusa ba. Da Tahir ya buɗe littafinka sai ya tarar da zane goma sha ɗaya a shafukan ƙarshe, kowanne da sunan mai gida a samansa, duk gidajen sabon layin yamma ne da ba su da lambu tukuna. Inna Yalwa tana takaba, ba ta fita, amma daga bakin ƙofarta ta ba da umarni, kuma ta ce in rubuta shi a nan don kowa ya ji: duk wanda sunansa yake littafin, da duk mai zuwa gaisuwa daga nesa, ya zo da gwangwani ko tsohon kwano. Dashe ba ya jiran arba'in. Tahir zai bi gidajen da turaku da zare, ni zan riƙe littafin, ita kuma za ta gaya mana inda muka yi kuskure.

Ya Allah, ga bawanKa Salihu ya zo gare Ka. Ka gafarta masa, Ka yi masa rahama, Ka yalwata kabarinsa, Ka sanya shi ya zama dausayi daga dausayoyin Aljanna. Duk cikin da ya ƙoshi da abin da ya shuka, da duk zuciyar da ta yi sanyi da ganinsa, Ka sa a mizaninsa, Ka sa ya zama sadaka mai gudana. Ka haɗa shi da iyayensa da 'ya'yansa da suka riga shi, waɗanda Kai kaɗai Ka san makwancinsu yanzu.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Inna Yalwa, abokiyar zamansa ta shekara hamsin da ɗaya, ga Baffa Jibirin, ga 'ya'yansa Tahir da Sara, da Lami da ke aure a Dinder, ga jikokinsa, ga tsofaffin abokan aikinsa na Hasahisa, har da mahaifina da tsufa ya hana shi zuwa jana'iza, da dukan mutanen Hillat Yakubu a inda Allah Ya zaunar da su. Allah Ya ba mu haƙurin rashinsa, Ya raya abin da ya bari, Ya sa mu cika da imani in tamu ta zo.

Allah Ya jiƙanka, Baba. Ka huta, mu za mu yi ban ruwan.